Tsambika: sunan da ya sauko daga kan wani dutse a Rodos

Idan ka ce wa mutumin Atina, babban birnin Girka, ka haɗu da wata mace mai suna Tsambika, ba zai tambaye ka 'yar ina ce ba. Ya riga ya sani. Ko dai a tsibirin Rodos aka haife ta, ko kakarta 'yar can ce, ko kuma mahaifiyarta ta taɓa zuwa can da wata bukata a ranta. A sauran ƙasar Girka sunan baƙo ne, mutum zai iya gama makaranta bai zauna aji ɗaya da mai shi ba. A Rodos kuwa, musamman garuruwan gabashin tsibirin, idan ka kira shi a bakin kasuwa da wuya a rasa wadda za ta waiwayo. Shi ya sa na daidaita tafiyata ta faɗo a makon farko na Satumba, domin ranar 8 ga wata ita ce ranar masu sunan, kuma dutsen da sunan ya fito daga kansa yana nan a inda yake, kimanin kilomita 25 kudu da birnin Rodos.

Rodos shi ne mafi girma a rukunin tsibiran da ake kira Dodekanisa. Tsawonsa ya kusa kilomita 80, mazauna cikinsa sun haura dubu 120, kuma ya fi kusa da gaɓar Turkiyya nesa ba kusa ba a kan Atina, don tsakaninsa da ita bai kai kilomita 20 ba. Daga Atina jirgin sama awa ɗaya yake yi zuwa filin jirgi na Diyagoras. Jirgin ruwa daga tashar Pireyas kuwa kwana ake yi a cikinsa, yakan wuce awa 13, gwargwadon yawan tsibiran da ya tsaya a hanya. Ni ta sama na shiga. Abin da ke rikita baƙo tun ranar farko shi ne kamfanonin bas biyu ne a tsibirin. RODA ne ke ɗaukar mutane daga filin jirgi da ɓangaren yamma, KTEL kuma shi ke bin gabas har Lindos. Duka biyun suna tashi ne daga kewayen Sabuwar Kasuwa, dab da tashar ruwa ta Mandraki, don haka mai zuwa Tsambika ya nemi ta KTEL da aka rubuta wa Arhangelos ko Lindos.

Kafin a shiga mota gara a gyara bakin, domin direba ba zai gane ka ba idan ka faɗi sunan da harshen Kano. Harafin "ts" namu mai ƙarfi ne, ana maƙale numfashi a maƙogwaro kafin a sake shi, kamar a tsamiya ko tsuntsu. Na Girkawa ba haka yake ba: "t" ce da "s" a manne, a sake, ba a matse komai. Nauyin kalmar kuma yana kan gaɓa ta tsakiya, tsam-BI-ka. Sai rubutu. Girkanci na yau ba shi da harafi guda mai ba da sautin "b", saboda tsohon harafinsu na beta ya koma "v" tun da daɗewa. Idan suna son "b" sai su haɗa haruffa biyu, na "m" da na "p". Ƙa'idar hukuma ta mayar da sunaye zuwa haruffan boko, wadda ake kira ELOT 743, ta ce idan haɗin nan ya zo a tsakiyar kalma a rubuta "mp". Wannan ne dalilin da za ka ga Tsampika a fasfo da wasu allunan hanya, ka ga Tsambika a taswira da takardun yawon buɗe ido. Suna ɗaya ne, kuma a baki "mb" ake ji. Wanda ya nema a waya da rubutu ɗaya kawai, rabin bayanin zai samu.

Bas ta bi ta Faliraki, garin otal-otal da gidajen rawa wanda ba abin da ya haɗa shi da labarinmu, ta wuce Afandu, ta iso mararrabar Kolimbiya mai dogon layin bishiyoyin turare da Italiyawa suka dasa. Daga nan dutsen ya fito sosai ta hannun hagu, wato ɓangaren teku, tsayayye shi kaɗai, da ɗan farin gini a ƙololuwarsa kamar an ɗora ƙwai a kan tulu.

A nan ne mutane suka fi yin kuskure. Wurare uku ne ke amsa sunan Tsambika a ɗan tsakanin nan. Akwai tsohon coci na kan dutse, wanda suke kira Psili, wato "ta sama". Akwai sabon gidan ibada na ƙasa, Kato, a bakin hanyar shiga garin Arhangelos. Akwai kuma bakin teku mai yashi a gindin dutsen, inda yawancin baƙi ke nufa. Kowanne da mashigarsa. Idan ka ce wa direba "Tsambika" ka yi shiru, ya dube ka ya ga baƙo ne, zai ɗauka wanka za ka je. Dole ka ƙara kalma: "moni" idan gidan ibada kake nufi, "Psili" idan hawa za ka yi, "paraliya" idan ruwa. Na ga wasu Turawa biyu da kayan wanka a ƙasan matakala suna juya taswira, sun sauka a mashigar da ba tasu ba, kuma babu gajeriyar hanya mai sauƙi da za ta sauke su bakin ruwa daga nan.

Daga babban titi zuwa inda motoci ke tsayawa kimanin kilomita ɗaya da rabi ne, hanya ce ta siminti mai tsananin hawa da kwana-kwana. Bas ba ta shiga. Mai ƙafa ya ƙara rabin awa a lissafinsa. Mai motar haya ya sa giya ta ɗaya tun daga ƙasa, kada ya jira sai motar ta fara shaƙewa a tsakiyar kwana, domin ƙananan motocin da ake ba baƙi ba su da ƙarfin tashi daga tsaye a irin wannan gangare, kuma wanda ke bayanka ya matso. A saukowa ma giya ake riƙewa da ita, ba birki kaɗai ba.

Daga wurin ajiye mota sai matakala, kusan 300, suna lanƙwasa a cikin itatuwa. Mai lafiya zai hau cikin minti 15 zuwa 20 idan bai yi gaggawa ba. Matsalar ba yawansu ba ce, rana ce. Iskar bazara da Girkawa ke kira meltemi ta yamma take buga tsibirin, gabas a lulluɓe take, shi ya sa wannan ɓangare ya fi zafi. Wanda ya fara hawa da ƙarfe 11 na safe zai sha wuya a banza. Kafin ƙarfe 9 ko bayan la'asar shi ne daidai, da ruwa aƙalla lita ɗaya a hannu. Sutura kuma a rufe kafaɗu da gwiwa, maza da mata, domin wurin ibada ne mai rai, ba kango ba ne da aka bar wa masu ɗaukar hoto.

Ranar jajibere, 7 ga Satumba, na hau. A kan matakalar na fara fahimtar abin da sunan ke ɗauke da shi. Mata ne suka fi yawa, da yawansu ba takalmi, sun riƙe shi a hannu ko sun bar shi a mota. Wasu da jarirai a kafaɗa. Wasu kuma da abin da ya yi kama da jariri amma na kakin zuma ne, an ƙera shi da kai da hannuwa. Ba a hira sosai. Masu hawa ba takalmi suna bin gefen da inuwa ta faɗa, domin simintin da rana ta gasa tun safe yana ƙona tafin ƙafa har yamma. Masu jariran gaske sun zo cika alkawari ne, masu na kaki kuwa wasu godiya suka kawo, wasu roƙo.

Cocin na sama ƙarami ne ƙwarai, fari fat, an sake gina shi a ƙarni na 18. Mutum goma suka shiga ya cika. A ciki akwai hotunan ibada da ake zanawa a kan katako, waɗanda suke kira ikona, da fitilun man zaitun a rataye, da hotunan yara da iyaye suka bari, da 'yan faranti na ƙarfe masu faɗin tafin hannu da aka buga wa siffar jariri. Kowane ɗaya daga cikin waɗannan sunansa tama, jam'insa tamata. Kalmar tana nufin bakance: ka yi alkawarin wani abu idan bukatarka ta biya, kuma abin da ka kawo ɗin ma sunansa ke nan. Daga farfajiyar ana hango Kolimbiya ta arewa, bakin tekun Tsambika a ƙasa kamar an shimfiɗa tabarma, sannan duwatsun wajen Lindos can kudu.

Ga labarin yadda mutanen tsibirin ke ba da shi. Wani makiyayi daga wajen Arhangelos ya ga ɗan haske yana ƙyalli a kan dutsen da dare. Ya sake ganinsa a dare na biyu da na uku. A zamanin da 'yan fashin teku ke addabar tsibirai, haske a kan dutse ba abin wasa ba ne, sai ya tara mazan gari suka hau da makamai. Ba su tarar da kowa ba sai ƙaramar ikona ta Nana Maryamu a jikin wata bishiya mai tsini da suke kira kiparisi, da fitila tana ci a gabanta. Labari ya kai tsibirin Kubrus, inda wani gidan ibada ya ce tasa ce ta ɓata. Aka mayar musu, ta dawo. Aka sake mayarwa, suka ƙona ɗan wuri a bayan katakon don su shaida ta, ta sake dawowa da tabon ƙunar. A karo na uku suka haƙura. A karin harshen mutanen Rodos, tartsatsin wuta ko ɗan ƙyallin haske sunansa tsamba. Daga nan aka kira ikonar Panagiya Tsambika, dutsen ya ɗauki sunan, daga baya yara suka ɗauka daga dutsen.

To ma'anar sunan ke nan a taƙaice: ta tartsatsi, mai ɗan haske. Panagiya kuwa laƙabin Nana Maryamu ne a wurin Kiristocin Otodoks, daga pan, "duka", da agiya, "mai tsarki". Girkawa suna da ɗaruruwan irin waɗannan laƙubba, kowane coci da nasa, wani daga wurin da aka tsinci ikonar, wani daga bishiya ko rijiya. Kaɗan ne daga ciki suka zama sunan yanka, kuma Tsambika na cikin waɗanda suka fi kama ƙasa.

Ina ganin a nan ne jerin sunayen jarirai da ke yawo a intanet suke ɓatar da mutane. Sun saba da sunayen tsohon Girkanci da ake fasawa gida biyu a fitar da ma'ana mai daɗi, irin su Kaliyopi, "mai kyakkyawar murya", ko Evantiya, "kyakkyawar fure". Tsambika ba ya fasuwa haka. Ba sunan wata allahiya ba ne ko jaruma ta zamanin da, kalmar ƙauye ce. Mai neman asalinsa a ƙamus zai ci karo da kalmomi masu kama da shi da ba su da dangantaka. Akwai tsamba ko dzamba ta Girkancin kowa da kowa, wadda aka aro daga Turkanci, ma'anarta "kyauta, ba biya". Da ita mutanen babban yankin ƙasar ke tsokanar 'yan Rodos. Akwai tsambi, nonon inabi. Akwai tsambuna, wata algaita mai salka da ake busawa a tsibirai, ita kuma daga Italiyanci ta zo. Akwai rawar tsamiko ta mutanen arewa maso yamma, wadda ba ta ma san hanyar Rodos ba. Duk wanda ya gaya maka sunan na nufin inabi ko kiɗa, kunnensa ya bi, ba tarihi ba.

Yadda aka yi dutsen ya zama na masu neman haihuwa, shi ma da labarinsa, kuma ya faɗo a zamanin Turkawa. Jaruman Yohana Mai Tsarki, wata rundunar mayaƙan Kirista, sun riƙe Rodos sama da shekara 200, har Sarki Sulaiman na Daular Usmaniyya ta Turkawa ya karɓe shi a 1522. Turkawa suka zauna har 1912, Italiya ta karɓa, sai bayan Yaƙin Duniya na Biyu aka miƙa tsibiran ga Girka a yarjejeniyar 1947, aka yi bikin haɗewa ranar 7 ga Maris 1948. A cikin waɗancan shekaru 390 na Turkawa ne, in ji masu ba da labarin, matar wani fasha (babban hakimin Turkawa) da ta daɗe ba ta haihu ba ta hau dutsen a ɓoye, ta haɗiye lagwanin fitilar da ke gaban ikonar. Ta samu ciki, aka haifi yaron da ɗan guntun lagwani a dunƙule a hannunsa, uban kuma ya ba wa gidan ibadar filayen da ke kewaye. Har yau ana ba masu roƙo ɗan lagwani su tafi da shi. Wani abin da ya ba ni dariya a nan: lagwani a Girkanci sunansa fitili. Su ta hannun Turkawa suka karɓi kalmar, mu kai tsaye daga Larabci, mu muka ba wa fitilar sunan, su suka bar shi a kan zaren.

Sharaɗin bakancen shi ne abin da ya haifi sunan. Matar da ta hau ta roƙa takan yi alkawari cewa idan ta haihu za ta sa wa abin da ta haifa sunan wurin: namiji Tsambikos, mace Tsambika. Wasu su ƙara da cewa a nan za a yi wa yaron baftisma. Ba a zaɓi 8 ga Satumba da ka ba. A kalandar Otodoks ranar ce ta haihuwar Nana Maryamu, kuma a al'adarsu iyayenta, Yowakim da Anna, sun tsufa ba su samu haihuwa ba kafin a ba su ita. Musulmi zai ji wannan bai yi masa nisa ba, don a Suratu Ali Imrana, aya ta 35 da ta 36, matar Imrana ta yi bakancen abin da ke cikinta, ta haifi mace, ta sa mata suna Maryam. Hanyar roƙon ta sha bamban da tamu, wannan a fili yake, ni kuma abin da idona ya gani nake faɗa. Amma tunanin cewa yaron da aka daɗe ana jira sunansa ya kamata ya faɗi hakan, Bahaushen da ya san dalilin da ake kiran yarinya Kyauta ba sai an yi masa dogon bayani ba.

Ikonar ta asali ba ta kwana a sama yanzu, saboda tsaro. Tana gidan ibada na ƙasa, inda na je washegari, ranar idin kanta. Nan ne taron yake: addu'ar safe, sannan panigiri, wato cin kasuwar idi, da rumfunan kayan wasa da na zaƙi. Ikonar ƙarama ce fiye da yadda mutum zai zata, an lulluɓe ta da azurfa, layin masu son isa gabanta kuma ya fito har waje. Wanda ke son ganin ginin a natse kada ya zo ranar 7 ko 8. Wanda ke son jin sunan a bakin mutane kuwa ba shi da ranar da ta fi su. Ko'ina ka juya "hroniya polla" ake cewa, wato shekaru masu yawa, gaisuwar da ake yi wa mai suna a ranar sunansa. A Girka, musamman wurin manya, wannan rana ta fi ranar haihuwa daraja. Mai sunan ne ke ciyar da mutane, ba shi ake ciyarwa ba, kuma rashin kiran gwaggo ko kaka a waya ranar laifi ne da ake riƙewa.

Bakance ne ya ƙirƙiri sunan, amma ba shi ya yawaita shi ba. Gado ne. Girkawa ba sa zaɓen suna don ya yi daɗi a kunne, aƙalla a al'adance. Ɗan fari namiji sunan kakansa na wajen uba yake ci. 'Yar fari, a yawancin babban yankin ƙasar, ta ci sunan mahaifiyar uba, amma a tsibirai da dama na wannan teku sunan mahaifiyar uwa take ɗauka. A tsibirin Karpatos, maƙwabcin Rodos, abin ya kai har 'yar fari, wadda suke kira kanakara, ta gaji sunan kakarta ta wajen uwa tare da dukiyar ɓangaren uwa. Saboda haka mace ɗaya da ta hau dutse shekara 100 da suka wuce ta isa ta bar Tsambika a kowane tsallaken zuriya, jika bayan jika, ko da babu wadda ta sake neman haihuwa ta rasa a gidan. Yawancin masu sunan a yau takwarorin kakanninsu ne. Kaka a Girkanci kuwa "yaya" ake ce mata, abin da sai da na yi kwana biyu kafin kunnena ya daina juya shi zuwa babbar 'yar'uwa.

Inda rigima ke tashi shi ne idan bakance ya ci karo da gado. Uwar miji ta zuba ido tana jiran takwara, matar ɗa kuma ta riga ta yi alkawari a kan dutse. A ƙa'ida bakance ne ke gaba, ba mai son ya ce a saɓa wa Panagiya, amma zuciya ba ta bin ƙa'ida. Mafitar da aka fi bi yanzu ita ce suna biyu, na kaka da na alkawari, a rubuta duka a takarda, a riƙa kiran yarinyar da wanda ya fi sauƙi. Matsin ya ƙaru ne saboda haihuwa ta ragu. A 2022 jariran da aka haifa a duk Girka ba su kai 80,000 ba. Gidan da ke da yaro ɗaya tak yana da kakanni huɗu masu jiran suna.

Wani abin da zai ba Bahaushe mamaki shi ne jinkirin. Mu kwana bakwai ne a raɗa suna. Su jariri yakan yi watanni, wani lokaci ya haura shekara, ana ce masa bebis idan namiji ne, beba idan mace, har ranar baftisma. Kwana 40 bayan haihuwa uwa takan kai shi coci a yi musu addu'a, lissafin da ya yi daidai da arba'in ɗin maijego a wurinmu. Ranar baftisma, uban ɗaki ko uwar ɗakin yaron a addini, nonos ko nona, shi ne ke furta sunan a gaban limamin coci. A shafe jaririn da man zaitun, a tsoma shi a ruwa sau uku, a yanke ɗan gashi daga kansa, a sa masa sababbin kaya. Abin da ake ce wa iyaye shi ne "na sas zisi", ma'anarsa ya rayu muku, wato dai Allah ya raya. A Rodos ana raba melekuni a irin wannan taro da na aure: riɗi ne da zuma, da almon da ɓawon lemo da kirfa, a yanka shi gida-gida. Kantu ne, sai dai ya fi namu laushi domin zuma ce ke riƙe shi ba narkakken sukari ba.

Ta fuskar hukuma lissafin daban ne, kuma nan ma ana tuntuɓe. Ana sanar da haihuwa a ofishin rajista, liksiyarhiyo, cikin kwana 10, ko da gurbin suna a buɗe yake. Sa suna a hukumance takarda ce da iyaye biyu ke sa wa hannu, ba ta rataya a kan baftisma ba. Iyalin da suka yi biki a coci suka ɗauka an gama, sukan gane ba a gama ba ranar da suka je neman fasfo. Ga mazauna ƙasashen waje kuma, rubutun da aka fara sawa a takarda, "mp" ko "mb", shi zai bi yarinyar har tsufa, kuma idan takardu biyu suka saɓa sai an yi ta zirga-zirgar gyara.

A rayuwar yau da kullum ba kowace mai sunan ke amsa shi cikakke ba. Gajeren da ya fi yawa shi ne Mika. 'Yar majalisar dokokin Girka daga Dodekanisa, Tsambika Iyatridi, da Mika aka fi saninta. Sunan danginta ma darasi ne: na namiji Iyatridis ne, mace kuwa ana cire harafin ƙarshe, ya zama "ta gidan Iyatridis". Haka idan za ka kira namiji mai sunan ba ka cewa Tsambikos, sai "Tsambiko". Babbar mace kuma ba a kiranta gatsau, sai an sa "kiriya" a gaba, kiriya Tsambika, kamar yadda ba za ka kira sa'ar mahaifiyarka ba tare da Hajiya ko Inna ba.

Rodos ba ita kaɗai ke da irin wannan suna mai nuna gari ba. Markela ta tsibirin Hiyos ce, Gerasimos na Kefaloniya, Spiridon na Kerkira, Diyonisiyos na Zakintos, Panormitis na ɗan tsibirin Simi da ke kusa, inda ake bikin Mala'ika Mika'ilu ranar 8 ga Nuwamba. Sai dai Spiridon da Diyonisiyos sun bazu ko'ina a ƙasar, sun daina zama shaidar gari. Tsambika bai bazu haka ba. Ina jin sautinsa ne ya tsare shi, don a kunnen mutanen birni yana da ƙamshin ƙauye, ga kuma tsokanar "ba biya" da ke biye da shi. Shawarata ga wanda ba Bagirke ba da sunan ya burge shi a jerin intanet: ya san cewa duk Bagirken da ya ji shi zai ɗauka an yi wa Nana Maryamu bakance ne a cocin Otodoks, ko kuma akwai kaka a Arhangelos. Ba suna ne da ake ɗauka don ma'anar "haske" kawai a bar sauran ba.

Daga gidan ibada na ƙasa na ƙarasa cikin Arhangelos, gari mai fararen gidaje da ganuwar Jarumai ta ƙarni na 15 a kansa, wanda aka sani da tukwane da takalman fata masu tsawo da karin harshen da har sauran 'yan Rodos ke cewa yana da nauyi. Da tsakar rana shaguna rufewa suke yi sai yamma, don haka mai son sayen melekuni ya saya da safe. Na ci pitarudiya a wani ɗan gidan abinci, ƙosai ne na wani irin wake da albasa da tumatir da na'ana'a, ba nama a ciki, abin da ke sauƙaƙa wa Musulmi a garin da naman alade ke cikin yawancin girki. Masallaci kuwa sai an koma birni. A tsohon garin Rodos akwai na Ibrahim Fasha, ginin 1540, wanda Musulmin tsibirin 'yan asalin Turkawa ke salla a ciki har yanzu. Musayar jama'a da aka yi tsakanin Girka da Turkiyya a 1923 ba ta shafe su ba, domin a lokacin tsibirin na hannun Italiya.

Jadawalin KTEL yana canzawa gwargwadon lokacin shekara, kuma ranar idi bas kan iso daga Lindos a cike ta wuce ba ta tsaya ba. Na ɗauki hoton jadawalin a tasha tun da safe, na kuma fito bakin titi tun kafin mota ta biyun ƙarshe, ba ta ƙarshe ba. Ta farko ta wuce ni. Ta biyu ta tsaya, na samu wuri a tsaye kusa da ƙofa, kusa da wata kaka da ta rungume jaririya cikin fararen kaya, takalmanta a cikin leda.